Natan Alterman da fassarar wasan kwaikwayo: me mai son juya Moliyer zuwa Hausa zai ɗauka a wurinsa?

Ƴar Bagalam ta rubuta:

Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ƙungiyarmu ta matasa masu wasan kwaikwayo a nan Maraɗi tana shirin juya L'Avare (wato Marowaci) na Moliyer, marubucin wasannin barkwanci na Faransa, zuwa Hausa, mu nuna shi a gidan matasa idan an yi hutun makaranta. Duk wanda ya yi lise, wato sakandare, ya san Harpagon, marowacin da wasan ke kansa, kuma garin kasuwa irin namu ba sai an yi wa kowa bayanin attajiri marowaci ba. Mun juya kashi na farko, ma'ana ta fito daidai a takarda, amma da ƴan wasa suka hau karantawa sai maganar ta yi nauyi a baki, wuraren da Faransancin ke ba da dariya duk sun mutu.

Wani malamin adabi ya ce mu bincika wani mawaƙin Ibrananci mai suna Natan Alterman, wai shi ma ya fassara wannan wasan, kuma a harshensa ana ɗaukarsa gwani a wannan fanni. Wane ne shi, me ya rubuta, kuma me ya bambanta fassararsa da ta wasu? Sannan abin da ya fi damuna: akwai abin da mai aiki da Hausa zai iya ɗauka daga mutumin da ya yi aiki da Ibrananci, ko kuwa labari ne kawai? Malamai a taimaka.

Malam Na-Gobir ya amsa:

Wa alaikumus salam ƙanwata. Bari in ɗauki tarihin mutumin, in bar wa masu dandamali nasu.

An haifi Alterman a birnin Warso ranar 14 ga Agusta 1910. Mahaifinsa, Yitzhak, malami ne, yana cikin waɗanda suka fara buɗe makarantun ƙananan yara da ake koyarwa da Ibrananci. A wancan zamani wannan baƙon abu ne, don Yahudawan gabashin Turai Yidish suke yi a gida da kasuwa, Ibrananci kuwa na addu'a ne da littafi. Yaƙin duniya na farko da juyin juya halin Rasha suka yi ta gusa iyalin, daga Mosko zuwa Kiyef zuwa Kishinef, har a 1925 suka sauka Tel Abib, lokacin Falasɗinu tana hannun Ingila. Ya gama sakandaren Herzliya, ya tafi Faransa, ya ɗan zauna Faris, sannan ya karanta ilimin aikin gona a Nansi, ya dawo a 1932. Noman bai daɗe a ciki ba. Abin da ya dawo da shi mai amfani shi ne Faransanci, a kan Rashanci da Yidish da yake da su tun yaranta.

Abu uku ya yi ta yi a lokaci guda, kuma sai an haɗa su ake gane fassararsa.

Na farko waƙar littafi. Diwaninsa na farko, Kokhavim Bakhutz, wato Taurari a Waje, ya fito a 1938, kuma shi ya ɗaga sunansa. Waƙoƙi ne masu tsayayyen kari da amsa-amo, yawanci ɗango huɗu a baiti, cike da hanya da matafiyi da dandalin birni da dare. A 1941 ya fitar da Simkhat Aniyim, Murnar Talakawa, inda mamaci ke magana da matarsa da ke raye a cikin birnin da aka yi wa ƙawanya. Da yawa daga masu nazari wannan suke ɗauka ƙololuwar aikinsa. A 1944 sai Waƙoƙin Annobar Masar, inda ya ɗauko annoba goma na zamanin Fir'auna, amma ya ba da su ta bakin uba da ɗa ƴan Masar ɗin da abin ke faɗa wa. Bayan nan akwai Ir Hayona, Birnin Kurciya, a 1957, da Bikin Bazara a 1965.

Na biyu jarida. Daga 1934 yana da filin waƙa kan al'amuran yau da kullum a Haaretz. A 1943 ya koma Davar, jaridar ƙungiyar ƙwadago, ya buɗe filin da ake kira Layi na Bakwai, yana fita ranar Juma'a, ya riƙe shi har 1967. Sharhin siyasa ne, amma a waƙe, da kari da amsa-amo. Wasu daga ciki hukumar tace labarai ta Ingila ta hana bugawa, mutane suka riƙa kwafa suna miƙa wa juna. Wadda ta fi shahara ita ce Faranti na Azurfa, ta Disamba 1947, wadda har yau ake karantawa a bukukuwan tunawa da matattun sojoji a Isra'ila.

Na uku, wanda masu tarihin adabi kan wuce da sauri alhali shi ya fi shafarku: ya yi shekaru yana rubuta waƙoƙin rerawa da gajerun wasannin barkwanci wa gidajen wasa irin su Matate da Li-La-Lo. Waƙar Kalaniyot ta 1945, wadda Moshe Wilenski ya yi wa kiɗa, Shoshana Damari ta rera, daga nan ta fito. Matarsa kuma, Rahel Markus, ƴar wasan kwaikwayo ce. Wato mutum ne da ya saba jin kalmarsa tana fita daga bakin wani a gaban jama'a tun kafin ya taɓa Rasin, marubucin wasannin Faransa, ko Shekspiya.

Fassarorinsa na dandamali da aka fi sani: Phèdre na Rasin, daga Moliyer akwai L'Avare da Le Misanthrope da Le Malade imaginaire, daga Shekspiya akwai Otello, Romiyo da Juliyet, Juliyas Siza, Antoni da Kiliyofatra, da wasan barkwancin matan Winsa. An ba shi kyautar Tshernikhovski ta fassara a 1946 saboda Phèdre da wasan matan Winsa, aka sake ba shi ita a 1967. Ya samu kyautar Biyalik a 1957 da babbar kyautar ƙasar Isra'ila a 1968. A shekarun 1960 ya rubuta wasanni na kansa, irin su Kinneret Kinneret da Masaukin Fatalwa. Ya rasu a Tel Abib ranar 28 ga Maris 1970. Hotonsa ne a kan takardar shekel 200 da aka fara kashewa a ƙarshen 2015. Ƴarsa tilo, Tirza Atar, ita ma mawaƙiya ce kuma mai fassarar wasanni, ta rasu a 1977.

Mai Ƙidayar Gaɓa ya amsa:

Malam ya share fage. Ni zan tsaya kan dalilin da ya sa aikin ya yi wuya a Ibrananci, don a nan ne darasin yake.

Lokacin da Alterman ya fara fassara, Ibrananci na baka bai fi shekara sittin da farfaɗowa ba. Eliezer Ben-Yehuda, jagoran farfaɗo da harshen, ya isa Falasɗinu a 1881, sai a 1922 Ingila ta amince da harshen a hukumance tare da Larabci da Ingilishi. To harshe ne mai tarin littattafai na shekaru dubbai, amma maganar titi ba ta gama nuna ba. Kalmar annabci da ta shari'a da ta addu'a akwai su jibge. Kalmar da bara zai zagi ubangidansa da ita a bayan ido, ko wadda dillaliya za ta yaudari tsoho da ita, ita ce ta yi ƙaranci. Mai fassara Moliyer kuwa waɗannan yake nema.

Hanyar da aka fara bi ita ce ta Yitzhak Salkinson, wanda ya fitar da Otello da Ibrananci a birnin Biyana a 1874. Ya mai da komai salon Attaura, har sunaye ya canza: Otello ya zama Itiyel, Desdemona ta zama Asnat, Yago ya zama Do'eg. A 1878 ya yi wa Romiyo da Juliyet haka, suka zama Ram da Ya'el. Aiki ne mai kyau, amma na karatu ne, don a lokacin babu gidan wasan Ibrananci da zai nuna shi. Gidajen sun zo daga baya: Habima, da aka kafa a Mosko wajen 1917 ta kuma tare a Tel Abib a 1931, Ohel a 1925, Kameri a 1944, wadda Yosef Milo ya kafa da niyyar a yi magana a dandamali yadda matasan ƙasar ke yi, ba da lafazin Rasha na tsofaffin ƴan Habima ba. Waɗannan gidaje su ke ba da aikin fassara, da ranar da za a fara gwaji, da ƴan wasan da aka riga aka sani. Phèdre ɗin Alterman Habima aka yi wa, Hana Rovina ta fito a matsayin Phèdre a 1945.

Abin da tsaransu Alterman suka yi, musamman shi da Abraham Shlonski da Leya Goldberg, shi ne sun daina ɗaukar Ibrananci a matsayin murya ɗaya. Harshen yana da hawa-hawa: na Attaura, na malaman Mishna da Talmud (littattafan shari'ar Yahudawa), na littattafan addu'a, na mawaƙan Andalus, da na titin Tel Abib. Sai suka mai da hawan nan kayan aiki. Sarki ko mai baƙin ciki a ba shi na sama, bara da ɗan kasuwa a sauko da su, a cusa musu salon zancen Yidish da aka sa wa rigar Ibrananci. Dariya kuma sau da yawa tana fitowa ne daga karo: babbar jimla mai ƙamshin nassi a bakin mai maganar kuɗin cefane.

Sai batun kari, wanda ya fi kowanne wahala. Biyalik da Tshernikhovski, manyan mawaƙan Ibrananci da suka gabaci su Alterman, sun yi yawancin waƙoƙinsu da lafazin Yahudawan Turai, wanda ke danna gaɓar kusa da ƙarshe. A Falasɗinu kuwa lafazin da ya yi rinjaye yana danna gaɓar ƙarshe a yawancin kalmomi. Da aka karanta tsofaffin waƙoƙin da sabon lafazi sai karinsu ya karye. Dole tsaran Shlonski suka sake gina kari daga tushe. Sabon lafazin ya fi karɓar ƙafar da ke tashi daga sassauƙa ta sauka a kan mai ƙarfi, shi ya sa ɗangon Shekspiya mai gaɓa 10 da bugu 5 ya zauna masa ba tare da wahala sosai ba. Na Faransa daban ne: ɗangon Rasin gaɓa 12 ne, da tsayawa bayan ta 6, ɗango bibbiyu masu amsa-amo ɗaya, kuma ƙidayar gaɓa ake yi ba bugu ba. Phèdre ɗango 1654 ne a haka. Mai juya shi zuwa harshen da ke tafiya da bugu dole ya ƙera wani ma'auni da kunnen mutanensa zai ji a matsayin kari. Wani tarkon kuma, Ibrananci na da ɗafe-ɗafen jam'i da na mallaka masu sauti ɗaya, amsa-amo da su arha ne, kowa na iyawa. An san Alterman da guje wa wannan, yana neman amsar da ta haɗa baƙin da ke gaban wasalin, wani lokaci kalma ɗaya ta amsa wa kalma biyu.

Wannan ya shafe mu kai tsaye. Kusan duk kalmar Hausa da wasali take ƙarewa, amsa-amo da "a" ko "wa" kuwa ko yaro zai jera ɗari. A waƙar wa'azi mai babban amsa-amo ɗaya daga farko har ƙarshe ba laifi, kunne ya saba. A dandamali kuwa, inda ake son ɗango na biyu ya faɗo kamar amsar gardama, amsa mai arha ba ta da duka. Kuma karin rubutacciyar waƙarmu ba na bugu ba ne, na nauyin gaɓa ne, mai nauyi da sassauƙa, irin ma'aunan Larabci su Kamil da Mutaƙarab da Ramal. Abin sha'awa, Ibrananci ma ya taɓa bin wannan hanya: a ƙarni na 10 Dunash ben Labrat ya ɗora shi a kan arulin Larabci a Andalus, mawaƙa irin su Ibn Gabirol da Yehuda Halevi suka bi. Don haka wanda zai juya wasan Faransa mai waƙa zuwa Hausa kada ya tsaya ƙidaya 12. Ya zaɓi karin da Bahaushe ya sani, gajere, ƙwar biyu, ya gwada shi da baki.

Wanda ke son ganin inda gwanintar Alterman ta fi fitowa fili ya dubi wasan Sarki Sulaimanu da Shalmai Baduku. Sami Groneman ya rubuta shi da Jamusanci, Alterman ya juya shi, Ohel ta nuna a 1943. Labarin sarki ne da baduku masu kama da juna da suka yi musanyar matsayi. A 1964 Kameri ta mai da shi wasa mai waƙoƙi, Alterman ya ƙara baitoci, Sasha Argov ya yi kiɗa. Yau a ƙasar da wuya ka samu wanda ya san asalin Jamusancin, fassarar ce ta zama wasan.

Ƴar Bagalam ta sake rubutawa:

Allah ya saka da alheri, Malamai. Amma L'Avare ai zube ne, ba waƙa ba. Ke nan batun kari bai shafe mu ba? Kuma wace hanya za mu bi, mu bar su Harpagon a Faris ko mu dawo da su Maraɗi yadda Salkinson ya yi da sunaye?

Tsohuwar Ƴar Dandamali ta amsa:

Ƴata, gaskiyarki, zube ne, kashi 5, an fara nuna shi a Faris a 1668. Amma zuben Moliyer yana da numfashi, kuma abin da ya kashe muku dariya ke nan. Jimlar da Bafaranshe ya faɗa da numfashi ɗaya, idan ta zama biyu a Hausa, ta mutu. Ƙa'idar aiki: kowace jimlar dariya, kalmar da ke ɗauke da dariyar ta zo ƙarshe, kuma kada Hausar ta fi Faransancin tsawo. A riƙe agogo, a karanta fitowa ɗaya da Faransanci, a karanta taku. In taku ta ɗara da yawa, bayani kuka cusa, a koma a sare. Kada a ba ƴan wasa takarda su haddace sai an karanta ta a tsaye, ana motsi, an ga inda harshe ke sarƙewa. Duk inda ɗan wasa ya canza kalma da kansa sau biyu, tasa ce daidai, a gyara takardar.

Batun wuri, ku yanke shi tun yanzu, kada ku tsaya tsakiya. Alterman ya bar mutanen wasa da sunayensu da ƙasarsu, harshen kawai ya mai da na gida. Ku kuwa ƴan kallonku sun saba da teyatur na rediyo da talabijin inda kowa Alhaji ne ko Hajiya, don haka dawo da shi gida zai fi karɓuwa. In kun zaɓi haka, ga wuraren da ake faɗuwa.

Fitowa ta 5 a kashi na farko, inda Harpagon ke son aurar da ƴarsa Elise ga tsoho Anselme, yana ta maimaita cewa tsohon zai ɗauke ta ba tare da "dot" ba. A Faransancin da muke yi a Nijar wannan kalma sadaki muke nufi da ita, abin da namiji ke bayarwa. A wurin Moliyer dukiyar da uban amarya ke haɗa ta da ita ce. In kuka sa sadaki, kun juya wasan a bai-bai: marowaci ba zai yi murnar rasa kuɗin da za a ba shi ba, kuma aure babu sadaki ma ba aure ba ne a wurin masu kallonku. Abin da ya dace shi ne kayan ɗaki da gara. "Ba kayan ɗaki!" gajere ne, ana iya maimaita shi sau huɗu yana ƙara daɗi, kuma duk uban da ya taɓa aurar da ƴa zai gane abin da ke ran Harpagon. Masu fassara zuwa Ibrananci ba su sha wannan wahalar ba, don al'adar uba ya haɗa ƴarsa da dukiya tana nan a cikin Yahudawan Turai.

Na biyu, akwatin kuɗin da ya binne a lambu, zinariya 10,000. A kashi na 5, fitowa ta 3, Harpagon na tuhumar Valère, mai kula da gidansa kuma masoyin Elise, da satar akwatin, shi kuwa Valère ya ɗauka maganar Elise ake yi, kowa na cewa "ita". Fitowar gaba ɗaya a kan wannan ruɗani take tsaye, har Harpagon ya yi mamakin jin akwatinsa na da kyawawan idanu. Hausa na da jinsi kamar Faransanci da Ibrananci, don haka abin zai yiwu, da sharaɗin abin da aka binne ya zama mace a nahawu. In kuka ce akwati, yawancin baki "shi" zai ce, wasan ya rushe. Ku sa tukunya. Ta dace da binnewa, kuma a tsohon wasan Latin na Plautus da Moliyer ya ɗauko labarin daga ciki, tukunya ce dama.

Na uku, bashin kashi na 2. Cléante, ɗan Harpagon, na neman rancen 15,000. Sharaɗin farko kuɗin ruwa ɗaya cikin 18, sai a ce mai ba da bashin shi ma rantowa zai yi a kan ɗaya cikin 5, kuma mai karɓa zai biya duka biyun, ya haura ɗaya cikin 4. Sannan 12,000 kawai za a ba shi a hannu, sauran 3,000 tarkace ne: tsohon gado, bindigogi uku, molon Bolonya, har da fatar ƙadangare da aka cusa wa ciyawa. Kada ku fassara jerin nan kalma da kalma. Ku zauna ku jera tarkacen da mutumin Maraɗi zai gani a idonsa, irin rediyon da ba ta kama tasha da keken ɗinki marar ƙafa, a bar mafi wauta a ƙarshe yadda Moliyer ya yi. Lissafin kuwa a faɗe shi da jika, a sarari: a kowace jika huɗu, ɗaya ta ruwa ce. A nan ne kuma Cléante ke zagin mai bashin da cewa wane irin Bayahude ne, wane irin Balarabe ne. Zagin Faris ne na ƙarni na 17, ba shi da wurin zama a dandamalinku. Ku ce azzalumi ko macuci, ba abin da ya ragu.

Wurin da ya fi buƙatar hankali shi ne kashi na 4, inda uba da ɗa ke jayayya kan Mariane, budurwar da kowannensu ke son aura, har Harpagon ya tsine wa ɗansa, ɗan ya mai da masa da baƙar magana. A Faris dariya ake yi. A nan in ɗa ya yi wa uba haka, zauren zai yi tsit, tausayi ya koma wurin tsohon, kun rasa ƴan kallo har ƙarshe. Dabarar ita ce Cléante ya riƙe "ku" da "Baba" da sunkuyar da kai daga farko har ƙarshe, taurin kan ya kasance a cikin abin da yake faɗa, ba a yadda yake faɗa ba. Tsinuwar kuma a sauke ta zuwa barazanar hana gado. Wannan "ku" na girmamawa wata dama ce da kuke da ita wadda Alterman ba shi da ita, don Ibrananci na zamani ba ya jam'inta mutum ɗaya don ladabi.

Kukan Harpagon bayan sata, fitowa ta 7 a kashi na 4, a yanka shi gajeru-gajeru: "Ɓarawo! Jama'a ɓarawo! An kashe ni!" A ciki yana kama hannun kansa yana zaton na ɓarawon ne, sannan ya juyo yana tuhumar ƴan kallo. Ku bar fitila a kan jama'a a wannan wuri, ya sauko cikinsu in da hali. Mutanen wasan 15 ne, amma ƙananan barori da magatakardan ɗan sanda ana iya haɗa su a hannun mutum biyu.

Ɗan Gulbi ya amsa:

Hajiya ta gama magana kan aikin. Ni gyara biyu zan yi wa yabon da aka yi, don kada a ɗauka mutumin ba shi da masu suka.

Ta fuskar adabi, a 1959 wani matashin mawaƙi, Natan Zakh, ya buga maƙala a mujallar Akhshav yana sukar waƙar Alterman: karin ya cika daidaito har ya zama na inji, hotunan ado ne ba abin da mutum ya gani da idonsa ba. Tsaran Zakh da Yehuda Amikhai suka koma waƙa marar tsayayyen kari da harshen yau da kullum, kuma su suka yi rinjaye shekaru da dama. Fassarar ma haka ta same ta. Ibrananci na baka ya canza da sauri ƙwarai, abin da ya zama sabo a 1945 ya koma harshen littafi a kunnen jikoki, gidajen wasa suka riƙa ba da aikin sababbin fassarori na Shekspiya da Moliyer, irin na T. Karmi da waɗanda suka biyo shi. A ganina wannan ba faɗuwa ba ce, haka fassarar dandamali take. Amma gargaɗi ne gare ku: kada ku cika wasan da tsofaffin karin magana don a ce kun iya Hausa. Ku ba Harpagon da dillaliya Frosine su, matasan kuwa su yi Hausar da ake yi yau a bakin tasha, har da ƴan kalmomin Faransancin da suka zama namu.

Ta fuskar siyasa kuma, tunda wani zai tambaya, gara a faɗa duka. Alterman ɗan Sahayoniya ne na sahun gaba, makusancin Ben-Guriyon, firaministan Isra'ila na farko. Shi ne kuma a Nuwamba 1948 ya buga waƙar Al Zot yana la'antar sojojin ɓangarensa da suka kashe fararen hula Larabawa, yana neman a hukunta su, har Ben-Guriyon ya sa aka raba ta ga sojoji. Bayan kisan Kafr Ƙasim na Oktoba 1956, inda ƴan sandan kan iyaka suka harbe mutanen ƙauyen kusan 50, ya sake rubutu yana neman shari'a a fili, kuma ya soki mulkin soja da aka ɗora wa Larabawan cikin Isra'ila. Sai ga shi bayan yaƙin 1967 yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar da ke cewa kada a mai da ko taƙi na yankunan da aka mamaye. Duka mutum ɗaya ne, kowa ya auna da kansa.

Wanda ba ya jin Ibrananci ba zai iya karanta fassarar tasa ba, amma kunne na iya ɗaukar wani abu: a nemi Kalaniyot a YouTube, a saurari yadda murya ke sauka a gaɓar ƙarshe da yadda amsa-amon ke dawowa. Game da haƙƙi, rubutun Alterman na ƙarƙashin kariya har ƙarshen 2040, shekara 70 bayan rasuwarsa. Moliyer kuwa ya rasu tun 1673, kowa na iya juya shi ba tare da izini ba, sai dai gabatarwa da sharhin da ke cikin bugun makaranta na masu bugun ne, kada a kwafe su. Fassarar da za ku yi taku ce. Ku rubuta sunayen waɗanda suka yi ta a shafin farko, ku kai kwafi ofishin kare haƙƙin mawallafa na ƙasa, BNDA, kafin ku ba wata ƙungiya ko gidan rediyo.